Wai da gaske mun fi Masar yawan dala? To me ya sa ba a san da mu ba?

Abu_Sadiya_Umbadda
Assalamu alaikum 'yan uwa. Alhamdulillahi mun dawo gida satin da ya wuce bayan kusan shekara biyu a Masar, Allah ya saka wa duk wanda ya sa mu a addu'a. Wani abu ne ya faru a hanya ya tsaya min a rai. Mun baro Atbara da hantsi, kafin mu kai Shandi sai Sadiya ta leƙa taga ta ce Baba ga ahram, wato dala, ashe har yanzu ba mu fita Masar ba? Duk bas aka kwashe da dariya. A unguwar Faisal muka zauna can Masar, makarantarsu ta taɓa kai su Giza, to ita a wajenta duk inda aka ga dala Masar ce. Na ce mata a'a nan Bajarawiya ce, namu ne, sai ta ce to su wa suka gina? Wlh jama'a shiru na yi. Ni da na bi hanyar nan ya fi sau talatin ban taɓa sauka ba ko sau ɗaya. Wani saurayi a bayanmu ya ce ai Sudan ta fi Masar yawan dala nesa ba kusa ba. Shi ne nake tambaya, gaskiya ne ko cika baki ne irin namu? In gaskiya ne, ya aka yi duniya ta san Giza, ta san Taj Mahal, ta san hasumiyar Faris, namu kuwa ko 'ya'yanmu ba su sani ba?

Malama_Shandi
Wa alaikumus salam, barka da dawowa Abu Sadiya, Allah ya sa kun iske gida da sauƙi. Gaskiya saurayin ya faɗa. In ka haɗa na Bajarawiya da na Nuri da Kurru da na gindin Jabal Barkal sun haura 200, na Masar kuwa ko an ƙirga har da waɗanda suka zama tsibin ƙasa ba su kai 140 ba. Masu ginin sarakunan Kush ne, da farko a Nabata wajen Karima, daga baya suka dawo Marawi ta da, wato nan Bajarawiya. Kabarin sarki ko sarauniya yana ƙarƙashin ƙasa, dalar a kansa take. Ka gaya wa Sadiya har mata sun yi mulki a wajen, su ne kandaka ɗin da kuka ji ana kiran 'yan mata da shi a 2019.

SarkinZolaya
Malama da girmanki, awaki ɗari biyu ba su kai raƙumi ɗaya tsawon wuya ba 😂 Ni na tsaya a gindin ta Khufu sai da hulata ta faɗi. Namu fa kamar rumbunan dawa ne a gefenta.

Malama_Shandi
Ba ka yi ƙarya ba ƙanina. Ta Khufu da aka gina ta kusan mita 146 ce tsawonta, kowane gefe na gindinta mita 230, kuma ta girmi namu da kusan shekara dubu biyu. Na Bajarawiya mafi tsawonsu bai wuce mita 30 ba. Babbar tamu ita ce ta Taharqa a Nuri, gindinta wajen mita 50. Amma tambayar yawa aka yi ba ta girma ba. Sannan shi Taharqan nan da Bi'ankhi da ya riga shi, ba nan kaɗai suka mulka ba, har Masar ɗin suka haɗa suka riƙe, wajen shekara 700 kafin Annabi Isa alaihis salam. Masarawa da kansu suna ƙirga su a gidan sarauta na 25.

Direban_Tahaddi
Ni shekara goma sha ɗaya ina kan layin Khartum Atbara. Kafin yaƙi in ka tsaya a mararrabar nan za ka ga masu raƙuma sun taso maka, yara na sayar da 'yan dala ƙanana da suka sassaƙa da dutsen wajen. Turawa jefi jefi, mota ɗaya ko biyu, wani lokacin ka wuni ba ka ga kowa ba sai iska da yashi. Na taɓa kai wasu 'yan Jamus, mutumin nan ya durƙusa gaban wani bango yana kallon zane kusan awa guda, ni ina can ina shan jabana, gahawar nan tamu, ina cewa wannan wane irin rashin aikin yi ne. Abin da ban gane ba har yau, me ya sa duk kawunansu a guntule? Iska ce ta ci su?

Malama_Shandi
Iska ta ci nata amma babban mai laifi mutum ne. Wani Bature ɗan Italiya, Ferlini, likita ne a rundunar Turkawa lokacin da suke riƙe da Sudan. A 1834 ya zo neman zinariya ya dinga rushe su daga sama. A ta sarauniya Amanishakheto ya samu kayan ado na zinariya, ya kwashe ya kai Turai, da farko ma an ƙi saya ana cewa ba yadda za a yi baƙar fata su ƙera irin wannan. Yanzu suna gidajen tarihi a Munik da Balin. To Direba ka ga 'yan Jamus ɗinka ba banza suka zo ba, kayan suna garinsu, mazubin suka zo gani.

Ustaz_Gadarif
Jama'a a yi hattara. Waɗannan wurare kaburbura ne na mutanen da ba su yi tauhidi ba, ba wajen yawon shaƙatawa da ɗaukar hoto ba ne. Manzon Allah sallallahu alaihi wa sallam da ya wuce ta Hijir a hanyar Tabuka ya hana sahabbai shiga gidajen waɗanda aka yi wa azaba sai dai suna kuka, ya rufe kansa ya gaggauta tafiya, har ƙullin da aka kwaɓa da ruwan rijiyoyin wajen ya ce a ba raƙuma. Yana cikin Bukhari da Muslim. Ni ban ga abin alfahari a yawan kaburburan fir'aunoni ba.

Dalibi_a_Madina
Allah ya gafarta Malam, hadisin ingantacce ne ba ja. Amma ai an faɗe shi ne a kan wurin da azaba ta sauka, mutanen Annabi Salihu. Wa ya ce mana an halaka mutanen Marawi da azaba? Kuma ayoyin da suka ce ku yi tafiya a bayan ƙasa ku duba yadda ƙarshen na gabanku ya kasance fa? Ni na je Ula, na ga Mada'in Salih, wato Hijir ɗin, da idona. Kaburbura ne sama da 100 an fafe su a jikin duwatsu, akwai wani shi kaɗai a fili ana ce masa Qasrul Farid, ba a ma ƙarasa sassaƙa ƙasansa ba, kana ganin sawun gizago. Rubutun da ke saman ƙofofin na Anbaɗ ne, mutanen da suka yi Batra ta Jodan, kuma da kwanan wata a jiki, wajen zamanin Annabi Isa ne, Samudawa kuwa sun riga su da nisa. Wallahi ban fito ina dariya ba, jikina ne ya yi sanyi.

Ustaz_Gadarif
Ɗana, ko wa ya fafe dutsen daga baya, ƙasar dai ita ce Hijir. In ka je da tsoron Allah ka fito da tsoron Allah ban ce maka komai ba. Amma ka faɗi gaskiya, waɗanda kuka shiga bas ɗaya da su kuka suke yi ko selfi?

Dalibi_a_Madina
Selfi Malam 😅 wannan kam ka kama ni.

Bakano_a_Jidda
Ku dai Sudaniyawa kuna ta ahram ahram, mu a Kano dala muka sani, kuma tamu ta gyaɗa ce, buhu kan buhu har sama, kakana ya yi dako a wajen. Yanzu ko ɗaya babu sai a hoto. Kan maganar Ustaz, nan Saudiyya ma ai abin ya juya. Da can ba a son ko a ambaci Mada'in Salih, amma ita ce ta fara shiga jerin UNESCO a ƙasar nan a 2008, sai Dir'iyya 2010, sai Balad ta Jidda 2014, yanzu kuɗi ake zubawa kamar ba gobe. Amma fa ƙasar nan ce a 2002 aka rushe ganuwar Ajyad ta Turkawa da ke kallon Harami, har dutsen da take kai aka baje, aka dasa dogon benen agogo mai mita 601. Turkiyya ta yi ta ƙorafi a banza. Ni abin da na lura, wuri ba ya zama na tarihi sai mai kuɗi ya ga dama.

UmmuAnas_Kassala
Alhaji ai alhazai ma sai sun samu wajen kwana. Mutum miliyan biyu a ina za a zuba su? Ba komai ne za a ajiye ba.

Kawu_Damazin
Na karanta duk abin da kuka rubuta, jikana ne yake buga min. Abu Sadiya ɗana, ka ce wa yarinya namu ne. To namu su wa? Ni dai ubana ba Kush ya fito ba. Daga ƙasar Haɗeja ya taso a ƙasa da jaki ɗaya, ya bi ta Barno, Fort Lami, Abashe, Jinaina, Fashir, Ubayyid, shekara bakwai yana hanya. Inda guzuri ya ƙare ya tsaya ya yi noma ko ya yanke farce a kasuwa, ya tsinci auduga a Jazira damina uku kafin ya tara kuɗin jirgin ruwa. Yayyena biyu a hanyar nan aka binne su, ba wanda ya san kabarinsu. Ya sauke farali ya dawo ya zauna nan, aka haife mu. In ana maganar wurin tarihi na Bahaushen Sudan to hanyar nan ce, kuma ba ta da ƙofa balle mai karɓar tikiti. Ban hana ku son dala ba, ƙasarmu ce, a nan aka yanke mana cibi. Amma yaron da ya san Taharqa bai san ta inda kakansa ya shigo ba, da sauransa.

Goggon_Bortsudan
Allah ya ƙara lafiya Yaya, ka sa ni hawaye. Amma hanyar tana da ƙofa, Sawakin ce ƙofarta. Duk wanda ya taho a ƙasa nan yake tsayawa ya ga bahar karo na farko a rayuwarsa. Uwata ta ce da suka iso sai kakata ta zauna a ƙasa ta ce ita ba ta hau wannan ruwan da ba shi da tsallake ba, sai da aka kwana biyu ana lallashi. Ku je ku ga tsibirin yanzu. Gidaje ne masu hawa biyu hawa uku da aka gina da dutsen murjani na cikin teku, da tagogin katako irin na Balad ɗin Jidda sak, rawashin. Tunda Ingilishi suka buɗe Bortsudan jiragen ruwa suka koma can, 'yan kasuwa suka bi su, gidajen suka dinga zubewa ɗaya bayan ɗaya don shi murjani in ba a shafe shi da farar ƙasa kullum gishiri ke cinye shi. Turkawa sun zo sun gyara masallacin Hanafi da na Shafi'i, Erdogan ma ya zo a ƙarshen 2017, sauran kuwa tsibin duwatsu ne da kyanwoyi.

SarkinZolaya
Goggo kyanwoyin nan da ake cewa aljanu ne? An ce in kana cin kifi sai ta ce maka ya zol ɗan sam min 😂

Goggon_Bortsudan
Kai dai ba ka da kunya. Haka mutanen garin suke faɗa, har suna cewa wai nan Annabi Sulaimanu yake ɗaure aljanu shi ya sa sunan. Ni dai kyanwa na gani, sai dai ƙatuwa ce kuma ba ta tsoron mutum.

DanMaiwurno
Kawu ka yi gaskiya amma ka manta da mu. Garinmu ai shi kansa wurin tarihi ne. Bayan Turawa sun ci Sakkwato Sarkin Musulmi Attahiru ya yi hijira gabas, aka tare su a Burmi a 1903 ya yi shahada, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja sauran jama'a har bakin Nilu shuɗi kudu da Sinnar, sunansa garin ya ci. Har yau da sarautarmu. Amma ka zo ka nemi allo ɗaya da aka rubuta wannan a bakin hanya ka gani. Baƙi daga Najeriya suna zuwa su yi ta tambayar tsofaffi suna rubutawa, yaranmu kuwa Barcelona suka sani.

YarHalfa_Jadida
Ni maganar Bakano ce ta tsaya min, cewa sai mai kuɗi ya ga dama. Mun bi ta Abu Simbal lokacin da muka gudu, muna jiran pantan, jirgin fito, mijina ya ce tunda Allah ya kawo mu mu shiga mu gani. Gumaka huɗu na Ramsis a zaune, kowanne wajen mita 20. Mai yi mana bayani yana ta alfahari, wai da za a yi Saddul Ali, babbar madatsar ruwan Aswan, duniya ta haɗu, aka yayyanka dutsen gunduwa gunduwa aka ɗaga shi sama mita 65 aka sake haɗawa, daga 1964 zuwa 1968, don kar ruwa ya ci. Ni kuwa sai na tuna maƙwabciyarmu, tsohuwa ce Bahalfiya, 'yar garin Wadi Halfa, tun ina yarinya take ba mu labarin yadda aka loda su a jirgin ƙasa a 1964 aka kawo su Khashmul Girba, mutum wajen dubu hamsin, suka bar dabinonsu da kaburburan iyayensu, ruwa ya hau garin har sai hasumiyar masallaci kaɗai ake hangowa. Ta ce da suka ga ruwan sama da tsawa a nan suka firgita don can ba a yi. Har ta rasu ba ta daina cewa gida ba in tana nufin can. An ɗaga dutse an bar mutane. Shi ya sa ni duk wannan UNESCO UNESCO ɗin ba ya burge ni.

Malama_Shandi
Allah ya jiƙanta. Ba zan yi miki musu ba ƙanwata. Sai dai a wannan aikin ne mu ma aka ceto ɗakunan bauta na Buhen da Samna da Kumma aka kawo su harabar gidan tarihi na ƙasa a Mugran cikin Khartum, da zanen cocin Faras da aka raba tsakanin Khartum da Warso. Na kai ɗalibaina can sau biyu. Yanzu kun ji abin da ya faru da shi a yaƙin nan, da aka koma an iske akwatunan gilashi a farfashe, zinariyar Kush an kwashe, sai manyan gumakan da ba sa ɗaukuwa. Ranar da na ga hotunan ban iya cin abinci ba, kuma na ji kunyar hakan, don a ranar ma ana binne mutane.

Bakano_a_Jidda
To Malama ashe gara da Ferlini ya kai nasa Jamus kenan? Aƙalla suna nan.

Malama_Shandi
Alhaji ɓarawon da ya adana kayanka da kyau sunansa ɓarawo. Kuma shi ba ɗauka kawai ya yi ba, rusawa ya yi.

Injiniya_Madani
Bari in dawo da mu kan tambayar Abu Sadiya don an yi nisa. Me ya sa aka san Giza ba a san Bajarawiya ba? Ni a ganina girma ɗaya ne daga ciki amma ba shi kaɗai ba. Giza tana bakin Alƙahira, ka hau tasi ka je. Faransawa sun shiga Masar tun 1798 da masu zane da masu rubutu, a 1822 aka warware rubutun fir'aunoni, a 1922 aka buɗe kabarin Tutankhamun jaridun duniya suka ɗauka. Namu rubutun na Marawi an san yadda ake furta haruffansa sama da shekara ɗari, amma ma'anar yawancinsa har yau ba a gane ba, kamar ƙolo da ya iya haɗa baƙi bai san fassara ba. Wurin da ba ya iya ba da labarinsa da bakinsa wa zai yi masa talla? Ƙari kuma Ba'amurken da ya haƙa Nuri da Kurru, Reisner, shi da kansa ya rubuta cewa ba baƙaƙen wajen ne suka kafa sarautar ba, wai baƙi ne masu hasken fata. An daɗe ana karantar da haka kafin a watsar. Sai ka ɗora yaƙe yaƙe da takunkumi da wahalar biza. Jabal Barkal ta shiga jerin UNESCO a 2003, Marawi a 2011, amma shiga jeri ba ya kawo bas.

UmmuAnas_Kassala
Mu ma da laifinmu. Nan Kassala amare da angwaye daga ko'ina suke zuwa Totil su sha ruwan rijiya su hau dutse su sha jabana, masallacin Khatmiyya yana gindin Taka cike da masu ziyara. Wato in wuri ya shiga ranmu muna zuwa ba sai Bature ya ce ba. Dala ce dai ba ta shiga ba.

DanMaiwurno
Wani abu kuma, su da dutse suka yi gini mu da laka. Ganuwar Kano tun zamanin Sarki Gijimasu aka fara ta, shekara wajen 900, yanzu an ce ana ɗibar ƙasarta ana yin bulo. Laka ba ta jiran jikoki.

Injiniya_Madani
A'a ɗan uwa, je ka Karma ka ga Daffufa, tubalin laka ne zalla, ta haura shekara 3,500 tana tsaye, tsawonta wajen mita 18. Can dai ba ruwan sama. Inda ake ruwa kuma sai yaɓe. Masallacin Jenne a Mali na yanzu 1907 aka gina shi, duk shekara garin ke fitowa rana guda, mata na ɗebo ruwa maza na hawa kan itatuwan da ke jikin bango suna yaɓawa. Hasumiyar Agadas mita 27 ita ma haka. Ranar da aka daina yaɓe ranar ginin ya fara mutuwa, irin abin da Goggo ta faɗa kan Sawakin ne.

Ustaz_Gadarif
Masallaci kam a yaɓe shi, wannan ba mu da saɓani.

SarkinZolaya
Alhamdulillah yau Ustaz ya yarda da abu ɗaya, a rubuta kwanan wata 😂

Abu_Sadiya_Umbadda
Na gode ƙwarai jama'a, ban zaci abin zai kai haka ba. Daren jiya ba wuta, muka zauna a tsakar gida na karanta wa Sadiya na Malama da na Kawu. Na kandaka ya yi mata daɗi sosai har ta ce a dinga kiranta haka. Amma da na zo kan jakin baban Kawu sai ta ce to mu namu kakan ta ina ya biyo, shi ma da jaki? Nan ma shiru na yi, sai da na kira Inna a Rabak. Ta ce ta Adare suka shigo, kuma ba jaki, sa ne, wai har sunansa tana tunawa. Kusan awa ɗaya tana magana har kuɗin wayata suka ƙare.
Direba in hanya ta daidaita ina so in kai yaran Bajarawiya bayan Idi. Daga titi zuwa wajen dalar ana iya takawa da yara ko dole sai raƙumi?

Direban_Tahaddi
Ana takawa, ba nisa, daga titi kana hango su. Amma ku je da sassafe kafin yashi ya yi zafi, kuma ku riƙe ruwa da yawa don ba shago a wajen. Masu raƙuman ban san ko sun dawo ba, rabona da tsayawa tun kafin yaƙi. Jibi ina da lodi zuwa Atbara, zan rage gudu in duba maka.

Kawu_Damazin
Abu Sadiya ka tambayi Innarka wace shekara suka wuce Jinaina, kuma wa ye madugunsu. In ta ce sa ne da su to ina jin ayarin da ya biyo bayan na ubana ne.